Falmaran Talatin da Kujerar Injiniya

Duk layin an san Injiniya, amma babu wanda ya san makarantar da ta ba shi sunan. Shi ya raɗa wa kansa, ranar da ya gyara fankar masallaci ta koma juyawa da baya tana zuƙe iskar mutane. Tun daga nan, in rediyonka ta yi shiru sai ka ɓoye ta. In ya gani sai ya buɗe, in kuwa ya buɗe sai kusoshi uku sun yi saura.

Matarsa, Maman Biyu, ita ce mai shagon ɗinkin da ke jikin na Mai Aski. Shekara shida ta yi tana tari kafin ta sayi keken surfani mai haɗe da kwamfuta, irin wanda za ki zana fure a allo, ki danna, allura ta fitar miki da shi a kan yadi kina zaune. Sai dai keken ba ya motsi sai da manhajarsa, manhajar kuma ta kuɗi ce. Duk shekara ana biyan lasisi, in ba a biya ba ta rufe ruf.

Ranar Litinin lasisin ya ƙare. Ranar kuma Saje ya shigo shagon, tsohon soja mai gashin baki kamar tsintsiya, wanda aka ɗora wa shugabancin sababbin 'yan sintirin unguwa saboda satar da ta addabi mutane. Ya dire ƙullin kaya a tebur.

"Falmaran talatin ne, Maman Biyu. A bayan kowacce a ɗinka MASU TSARON UNGUWA, da hoton ido a sama. Asabar za a ƙaddamar da mu a filin makaranta, gaban manyan baƙi. Za ki iya?"

"In Allah ya yarda, Saje."

"Ni dai ƙarfe goma na sani."

Bai kai bakin titi ba ta yi 'yar rawa a tsakiyar shago. Ba ta taɓa samun aiki mai girman wannan ba, kuma kowace riga za ta fita da ɗan tambarin shagonta a wuya. Ta buɗe gwangwanin zaren da take ɓoye kuɗin lasisi, ta miƙa wa mijinta, don shi ke da katin banki.

"Baban Biyu, don Allah yau ɗin nan. Ka saka a banki ka biya su."

"An gama," in ji shi.

Da la'asar sai ga shi a bayan babur, ya rungumo wata baƙar kujera mai taya biyar, irin ta manyan ofisoshi. Ya sauke ta a ƙofar shago, ya zauna, ya juya sau biyu, ya tsaya yana fuskantar matarsa.

"Ina takardar biya?" ta ce.

"Kina kallonta."

"Kujera nake kallo."

"To ai shi ne. Maman Biyu, shekara nawa kina zuba wa mutanen da ba ki taɓa gani ba kuɗi? Kina da injiniya a gida, kina biyan lasisi? Abin kunya ne a gare ni. Minti goma ya ishe ni in fasa manhajar nan ta yi miki aiki kyauta har jikokinki."

"Fasawa? Kamar yadda ake fasa shago?"

"A'a, kamar yadda ake fasa ƙwai. Ilimi ne."

Ta dafe ƙirji. "Haƙƙin mutane ne fa. Wasu sun zauna sun yi wahalarsu."

"Wane haƙƙi? Sata ita ce ka ɗauki abu, mai shi ya duba ya rasa. Su me za su rasa? Tasu manhajar na nan a wurinsu, tamu na nan a wurinmu. Kowa ya kwana lafiya."

Mai Aski, wanda bangon katako kawai ya raba su, ya leƙo da almakashi a hannu. "Injiniya, tambaya ɗaya. In na yi maka aski ka tashi ka tafi ba ka biya ba, almakashina na nan ko ba ya nan?"

"Yana nan."

"To me na rasa?"

"Wannan daban."

"Ina bambancin?"

"Kai ana ganinka."

"Au, wanda ba a gani shi ake ci? To Allah ya sa kada in yi tafiya." Ya zuba wa kujerar ido, ya lashe leɓe. "Amma fa kujerar ta yi. Tana hawa sama?"

"Har ƙasa tana sauka," in ji Injiniya, ya ja wani ƙarfe, ya nutse har haɓarsa ta kusa taɓa tebur.

Maman Biyu ta ce a mayar da kujera. Ya ce mai kanti ya rubuta ɓaro-ɓaro ba a dawo da kaya, kuma ma ya riga ya kankare sunansa a hannunta da ƙusa. Ta duba. INJINIYA, har da layi a ƙasa.

Minti goman ya kai Talata da hantsi. Ya sauko da wani abu daga wani shafi mai hoton ƙoƙon kai, ya danna duk inda aka ce ya danna. Kwamfutar ta yi duhu, ta yi haske, sai wata murya ta mace ta ɓarke da ƙarfin da ba a taɓa sanin kwamfutar na da shi ba:

"Barka! Barka! Kai ne ka ci mota!"

Kafin ka ce me, mai kemis ya bar kantinsa, masu jiran aski biyu sun fito da rabin kai, mai sayar da katin waya ta taho da gudu tana tambayar wace kala ce.

"Barka! Kai ne ka ci mota!"

"Injiniya, ka tuna da mu!"

"Ni ka kai ni kasuwa kawai!"

Ya danna nan, ya danna can, matar ta ƙara murya. Ya tura ƙyalle a bakin lasifikar, ta ci gaba da yi masa barka ta cikin ƙyalle. Daga ƙarshe ya ari almakashin Mai Aski ya datse wayar. Shiru ya sauka. A cikin shirun nan kuwa sai ga manhajar surfani ta buɗe, tar, ba ta tambayi ko sisi ba.

Injiniya ya miƙe hannu biyu sama ya juya a kujera har sau huɗu. "Kun gani? Kun gani da idonku? Har yare ta ce in zaɓa. Duba, na sa mata Hausa. Yanzu ta zama 'yar gida."

Maman Biyu ta tsaya a gefe tana kallo. Injiniya ya shimfiɗa falmaran ta farko, ya danna. Allura ta kama aiki, tat-tat-tat, ido ya fito kyakkyawa, rubutu ya fito sambal. Jama'a suka tafa. Sai allurar, maimakon ta tsaya, ta gangara ƙasa ta ƙara wani ɗan siririn layi kamar jerin tururuwa.

"Wannan fa?" in ji mai kemis.

"Ado ne. Kyauta ce daga kamfani."

Maman Biyu ta jira mutane suka watse, ta sa tabaranta, ta kai rigar bakin ƙofa wurin haske. Ta karanta, ta sake karantawa, ta zauna a kan buhun yadi.

"Baban Biyu, zo ka ga adonka."

AN ƊINKA DA MANHAJAR SATA.

Ya daɗe yana kallo. "Rashin kunya ce kawai irin ta na'ura. Bari in koya mata hankali."

Laraba ya sauko da wani abin da aka ce yana goge rubutun. Suka gwada a tsumma: rubutun ya fito girman yatsa. Alhamis ya mayar da kwanan watan kwamfuta baya da shekara ashirin, wai don manhajar ta ɗauka ba a ma haife ta ba balle a biya ta. Suka gwada: rubutun ya fito girman tafin hannu, da jan zare, ya fi MASU TSARON UNGUWA girma, har da ɗan fure a gefe.

"Furen dai ya yi kyau," in ji Mai Aski ta saman bango.

"Malam, ka kula da kan mutane," in ji Injiniya.

"Ina kula. Naka ne ya fi ba ni tausayi."

Safiyar Juma'a Maman Biyu ta yanke shawara. Akwai wata tela a can ƙarshen gari mai irin kekenta, da lasisinta na halal. Za ta je ta roƙe ta ta karɓi aikin, ko da ribar duka za ta tafi. Ta yafa mayafi, ta tsaya a kan mijinta.

"Ka ji tsoron Allah, kada ka taɓa rigunan nan."

"Ni? Ko kallonsu ba zan yi ba."

Ta yi mota biyu, ta jira telar ta gama da wasu, suka daidaita a kan za a kawo kaya da yamma a yi aikin gaggawa. Ta dawo tana hamdala. Tun daga bakin layi ta ji warin gam. Shago fes, tebur wayam, Injiniya na kan kujera ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya.

"Ina rigunan?"

"Suna wurin mai su."

"Baban Biyu!"

"Ki zauna ki ji basira. Na ɗinke talatin ɗin cif. Sannan na yanka ƙyalle ruwan ɗorawa, kalar rigar sak, na shafa gam, na manne a kan rashin kunyar. Ko ke ba za ki gane ba. Saje ya zo, ya tambayi facin, na ce masa sabon yayi ne, yana tallafe ƙashin baya. Har ya sara mini."

"Gam? A kan yadi? Ba ka ko bi da ɗinki ba?"

"Gam ɗin takalmi ne. Kin taɓa ganin takalmi ya buɗe?"

"Naka na ƙafarka a buɗe yake!"

Ya janye ƙafar ƙarƙashin kujera.

Ta kira wayar Saje, a kashe. Ta je gidansa, aka ce yana wurin atisaye, kuma an riga an raba wa kowa rigarsa ya tafi da ita gida. Ta dawo ta yi sallah, ta daɗe a kan darduma. Ba ta roƙi gam ya riƙe ba, don ta ji kunyar roƙon. Ta roƙi dai a ba ta bakin faɗin gaskiya kafin gaskiyar ta faɗi kanta.

Asabar tun ƙarfe tara ta nufi filin makaranta, da surukarta Inna a gefe. Inna, mahaifiyar Injiniya, ta shiga ajin manya bara, kuma tun da haruffa suka buɗe mata ba ta wuce rubutu ba ta gaishe shi ba. Allon kanti, bayan mota, buhun siminti, duk sai ta tsaya ta karanta da ƙarfi, gaɓa-gaɓa, kowa ya shaida.

Fili ya cika. An kafa rumfa, an jera manyan baƙi: babban ɗan sanda na yankin, shugaban makaranta, da Lauya, 'yar mai gidajen layin, wadda ke shugabantar ƙungiyar unguwa. A tsakiyarsu, sama da kowa da taƙi guda, ga Injiniya a kan kujerarsa. A ka ya ɗauko ta.

Maman Biyu ta kutsa wurin Saje. "Saje, ina da magana. Rigunan nan..."

"Sun yi! Bayana ma ya daina ciwo! Layi, ku daidaita!"

"Saje, minti ɗaya..."

"Bayan fareti, Maman Biyu! Hagu! Dama!"

Rana ta take. Ƙarti talatin suka kama zagaya fili suna buga ƙafa, gumi na bin bayansu. Mai gabatarwa ya ce a ba wanda ya ƙawata dakarunmu dama ya ce wani abu. Injiniya ya karɓi makirfo kamar an daɗe ana riƙe masa.

"Jama'a, wannan aiki da kuke gani, ilimi ne. Wasu kuɗi suke zubawa. Ni kai nake zubawa. Na'urar da ta gagari mutanen birni, ni na zauna na yi mata magana da yaren da take ji..."

Maman Biyu ba shi take kallo ba. Tana kallon bayan na ƙarshe a layi, wani dogo, inda kusurwar ƙyalle ta ɗaga kai kamar kunnen zomo. Ya buga ƙafa, kunnen ya ƙara tsawo. Ya sake bugawa, ƙyallen ya saki, ya yi lilo a iska, ya sauka a ƙasa a hankali.

Sai na kusa da shi. Sai biyu a tare. Kafin su kai gaban rumfa, ƙyallaye na zuba a bayansu kamar ganye, yara na bi suna tsincewa.

"Tsaya!" in ji Saje. "Juya baya!"

Haka aka tsara, don manyan baƙi su ga rubutun. Ƙarti talatin suka juya wa rumfa baya, ƙyam.

Inna na zaune a gaba, daf da ɗanta, daf da makirfo. Ta ga jan rubutu manya-manya, irin wanda ba ya wahalar da ido. Fuskarta ta washe. Ta miƙa yatsa.

"An... ɗin... ka," lasifika ta ɗauka ta watsa har bakin titi. "Da... man... ha... jar..."

"Inna!" in ji Injiniya. "Inna, ruwa za ki sha?"

"Bari in ƙarasa, ɗan nan. Sa... ta. Sata!" Ta waiga tana murmushi, tana jiran yabo. "An ɗinka da manhajar sata. Na biya daidai? Ga shi nan kuma a na biyun. An... ɗin..."

Fili ya fashe da dariya. Mai kemis ya durƙusa yana riƙe ciki. Mai katin waya ta faɗa jikin wata tana hawaye. Shugaban makaranta ya rufe fuska da takardar jawabinsa, kafaɗunsa na rawa. Su kuwa 'yan sintiri, kowa na son ganin abin da ke bayansa, sai suka kama juyawa a wuri ɗaya, wannan na leƙa na wancan, wancan na kama rigar wannan.

"Kai, naka sata aka rubuta!"

"Kai ma haka!"

"Saje, naka har da fure!"

Saje ya tuɓe tasa, ya karanta, gashin bakinsa ya miƙe. Ya juyo a hankali.

Injiniya ya ajiye makirfo. Ya ga tashi da gudu zai ja ido, sai ya fara tura kujera baya da dugadugansa, kaɗan-kaɗan, yana murmushi. Bai san bayan rumfar gangare ba ne. Taya biyar suka samu hanya. Kujera ta kwashe shi tana juyi, yana ihu yana riƙe da hannunta, ya wuce tukunyar ruwan baƙi, ya wuce motar ɗan sanda, ya nufi ragar ƙwallo.

"Ku kamo shi!" in ji Saje.

Ƙarti talatin, kowanne da sata a rubuce a baya, suka bi mutum ɗaya a kan kujera. A cikin raga suka tsince shi. Suka ɗago shi da kujerar gaba ɗaya, suka dire gaban rumfa.

"Ranka ya daɗe," Saje ya sara wa babban ɗan sanda, "kamun farko."

Ɗan sandan ya goge ido. "Minti nawa da ƙaddamarwa?"

"Bakwai, ranka ya daɗe."

Injiniya ya gyara wuyan riga. "A yi mini adalci. Me na ɗauka? A kira kamfanin a tambaye su ko wani abu nasu ya ɓace."

Lauya ta karɓi makirfo tana danne dariya. "Kawu, doka ba ta tambayar ko abu ya ɓace. Tambayarta ɗaya: an ba ka izini? Masu manhaja sun ce ga kuɗin amfani, ka tsallake ta taga, ka kuma yi sana'a da ita. In suka kai ƙara akwai tara, ana iya ɗauke keken ma. Keken wa ne?"

Nan dariyar Maman Biyu, wadda ta fara kuɓuce mata duk da komai, ta tsaya cak. Ta miƙe. Ta fito gaba.

"Nawa ne, 'yata. Shagon ma nawa ne, tambarin da ke wuyan rigunan nawa ne. Na tara kuɗin lasisi, ban bi na ga an biya ba, kuma da aka fasa ina tsaye ban kashe kwamfutar ba. Saje, ka yi haƙuri. A ba ni kwana uku. Zan biya mutane haƙƙinsu, in gyara rigunan nan, ba sai an ƙara mini komai ba."

"Ina kuɗin lasisin yake yanzu?" in ji Lauya.

Maman Biyu ta nuna. Kowa ya kalli abin da Injiniya ke zaune a kai.

Daga can baya aka ji gyaran murya. Mai Aski ne, yana tahowa yana laluben aljihu. "Ni dai tun Litinin nake cewa kujerar ta yi."

"Akwai sunana a jiki!" in ji Injiniya.

"Zan manna ƙyalle."

A nan gaban jama'a aka yi cinikin kujera, Mai Aski ya miƙa kuɗi, Lauya ta biya lasisi ta wayarta, saƙon shaida ya shigo, Inna ta karɓa ta karanta wa kowa, har lambobin. Saje ya murza gashin baki ya ce kwana uku, kuma rigunan ruwan sama na 'yan sintiri ma ita za ta yi, da sharaɗin Injiniya ba zai matso kusa da su da taku goma ba.

Kwamfutar sai da aka kai ta wurin mai gyara na gaske ya wanke ta tas, ya kori matar mota. Rubutun sata kuwa babu na'urar da ke warware shi. Reza ce da hannu, zare ɗaya bayan ɗaya, harafi ashirin da ɗaya sau talatin, ban da fure. Kwana uku Injiniya na zaune a ƙofar shago a kan gwangwanin fenti, yana tsefewa, duk mai wucewa sai ya tambaye shi ina mota. Yana amsawa da cewa shi ne ma ya fara ba da shawarar a biya, ba a dai saurare shi ba. Maman Biyu na ciki, allura na tat-tat-tat, tana tsayawa daidai inda aka ce ta tsaya.

Ranar da ya gama, ya karkaɗe jan zare daga gashinsa, ya shiga wurin Mai Aski. Kujerar na tsakiyar shago tana sheƙi. Ya shafa hannunta, ya juya zai zauna.

Mai Aski ya tare shi da tafin hannu a buɗe.

"Haba, zama kawai zan yi. Minti ɗaya. In na tashi ai kujerarka na nan, me za ka rasa?"

"Ba abin da zan rasa," in ji Mai Aski. "Biya."

Injiniya ya laluba aljihun dama, ya laluba na hagu. Sannan ya ɗaga murya ta saman bangon katako.

"Maman Biyu! Akwai canji a gwangwanin zare?"